Yadda Ake Goge Ajiyar Wasan Bidiyo Domin a Fara Daga Farko

Duk wanda ya daɗe yana buga wasan bidiyo ya san akwai ranar da zai so ya koma farko. Wani ya ƙarar da kuɗin ƙungiyarsa a Master League, wato tsarin tafiyar da ƙungiya a wasan ƙwallo na PES, wajen sayen 'yan wasan da ba su tsinana masa komai ba, wani ya sayi na'ura ta hannu ya tarar tsohon mai ita ya riga ya kai ƙarshen labarin, wani kuma ya ajiye wasa shekara guda, da ya dawo sai ya ga ya manta inda ya nufa da ma maɓallan da ake dannawa. Abin da ake buƙata a duk waɗannan halaye shi ne a kawar da ajiyar wasan, wato ɗan fayil ɗin da ke riƙe da matakin da mutum ya kai da kayan da ya tara, wanda masu buga gem ke kira sebin. Aikin bai fi na minti biyu ba, amma kuskure iri biyu na yawan faruwa a cikinsa: ko mutum ya goge ya buɗe wasan ya tarar da tsohuwar ajiya ta dawo kamar ba a taɓa ta ba, ko kuwa ya goge abin da bai yi niyya ba, ya rasa hanyar dawo da shi. Dukansu biyu sun samo asali ne daga rashin sanin inda ajiyar take zaune.

Mataki na farko: gano inda ajiyar take

Wuri uku ajiyar wasa ke iya zama. Na farko shi ne cikin na'urar kanta, ko PlayStation ce, ko waya, ko kwamfuta. Na biyu shi ne rumbun intanet na kamfanin da ya ƙera na'urar ko ya sayar da wasan, inda ake tura kwafin ajiyar domin kada ta salwanta idan na'ura ta lalace. Na uku kuwa manyan kwamfutocin masu wasan ne, kuma wannan shi ne halin wasannin da ba sa buguwa sai da data, irin su Free Fire, PUBG Mobile, Call of Duty Mobile da Clash of Clans. A wannan rukuni na uku babu wani fayil a wayarka da za ka goge ka koma farko, domin ci gabanka a rubuce yake a asusunka, can a hannun kamfanin.

Hanya mai sauƙi ta rarrabewa ita ce a kashe intanet a buɗe wasan. Idan ya buɗe kuma ya ci gaba daga inda aka tsaya, to akwai ajiya a cikin na'urar, sai dai a binciki ko tana da kwafi a intanet. Idan ya ƙi buɗewa gaba ɗaya, to mai yiwuwa ci gaban yana wurin kamfani.

Akwai kuma wata fahimta da ya kamata a gyara tun yanzu. A PlayStation 4, PlayStation 5 da Nintendo Switch, cire wasa daga na'ura ba ya taɓa ajiyarsa. Mutum zai goge wasa mai nauyin gigabait hamsin ko fiye, ya sake sauke shi da datar da ya saya da tsada, ya buɗe ya tarar da kansa daidai inda ya tsaya. A waya kuwa akasin haka ne, domin cire manhaja na tafiya da ajiyar da ke cikin wayar, sai in akwai kwafi a wani wuri.

Mataki na biyu: tabbatar da cewa gogewar ta zama dole

A ganina, mafi yawan masu neman goge ajiya ba sa buƙatar yin hakan. Wasanni da dama suna da gurbin ajiya fiye da ɗaya. GTA San Andreas, wanda ya fito a 2004, gurbi takwas gare shi, don haka ana iya fara sabon wasa a adana shi a gurbi na biyu, tsohon yana nan daram. Haka ma Career Mode, wato tsarin tafiyar da ƙungiya, na wasan ƙwallo na FIFA da magajinsa EA Sports FC, inda mutum zai iya riƙe ƙungiyoyi da yawa, kowace da fayil ɗinta. Abin lura a nan shi ne ajiyar da wasa ke yi da kansa ba tare da an umarce shi ba, domin ita ce ke hawa kan tsohuwa da zarar an fara sabon wasa. Kafin a danna New Game, a fara adana tsohon wasan da hannu a wani gurbi na daban.

Wasu wasannin kuma ajiya ɗaya tak suke bai wa kowane mai amfani da na'ura. The Legend of Zelda: Breath of the Wild na 2017 misali ne, domin fara sabon wasa a cikinsa na share tsohon. Dabarar a nan ita ce a buɗe sabon mai amfani a kan na'urar, tunda kowane suna da tasa ajiyar. Switch na karɓar mutum takwas, PlayStation 4 kuwa har goma sha shida. Wannan dabara ta fi dacewa da gidan da yaya da ƙanne ke rabon na'ura ɗaya, da kuma shagon gem, inda goge ajiyar wani na iya zama sanadin rigimar da ta fi wasan tsawo.

Wani dalilin riƙe tsohuwar ajiya shi ne cewa wasu wasannin suna saka wa mai ita. Tears of the Kingdom na 2023 yana duba ajiyar Breath of the Wild ya dawo wa mutum da dawakan da ya yi wa rajista, Mass Effect 2 kuma yana ɗauko shawarwarin da aka yanke a kashi na farko ya gina labari a kansu. Sannan akwai tsarin New Game Plus, wanda ke mayar da mutum farkon labari amma ya bar masa makamansa da ƙarfinsa, kuma ba ya buɗewa sai ga wanda ke da ajiyar da ta kammala wasan.

Mataki na uku: ɗauki kwafi, sannan a tsayar da musayar intanet

Idan an yanke shawarar gogewa, to a fara ɗaukar kwafi a duk inda na'ura ta yarda. A PlayStation 4 ana iya kwafe ajiya zuwa filash kai tsaye. PlayStation 5 ba ta yarda a kwafe ajiyar wasanninta ɗaya bayan ɗaya zuwa filash ba, sai dai a tura ta rumbun intanet, wanda ke buƙatar biyan kuɗin PlayStation Plus, kodayake ajiyar wasannin PlayStation 4 da ake bugawa a kanta tana kwafuwa. Switch ba ta adana ajiya a katin wasa ko a memori, a cikin na'urar kawai take ajiyewa, kuma kwafin intanet na masu biyan Nintendo Switch Online ne. A kwamfuta kuwa kwafi bai wuce ɗaukar folda a ajiye ta a wani wuri ba.

Bayan kwafi sai a kashe musayar da na'ura ke yi da rumbun intanet, kuma wannan shi ne matakin da aka fi tsallakewa. Yadda tsarin yake aiki shi ne, duk lokacin da aka buɗe wasa na'ura za ta kwatanta abin da ke cikinta da abin da ke intanet. Idan ta ga babu komai a cikinta alhali akwai a can, sai ta ɗauka asara aka yi, ta sauko da tsohuwar ajiya domin ta taimaka. Na'urar ba ta da hanyar sanin cewa da gangan aka goge. Akwai kuma haɗari ta ɗaya ɓangaren: wanda ya bar kwafin intanet a matsayin abin komawa, idan bai kashe turawa ta atomatik ba, sabon wasansa zai hau kan tsohon kwafin cikin dare ɗaya, ya wayi gari ba tsuntsu ba tarko.

Yadda ake gogewa a PlayStation, Xbox da Switch

A PlayStation 4 a rufe wasan tukuna, sannan a shiga Settings, a zaɓi Application Saved Data Management. Za a ga Saved Data in System Storage, wato abin da ke cikin na'ura, da Saved Data in Online Storage, wato kwafin intanet, da kuma Auto-Upload inda ake kashe turawa. A shiga na farko, a zaɓi Delete, a zaɓi wasan. A nan ne ya kamata a nutsu, domin wasa ɗaya na iya nuna fayiloli da yawa. A wasannin ƙwallo na PES, alal misali, ajiyar Master League daban take da fayil ɗin gyare-gyare, wanda ke ɗauke da ainihin sunayen ƙungiyoyi da rigunansu da wani ya ɓata lokaci ya shigar. Wanda ya zaɓi duka ya goge zai koma farko kamar yadda ya so, amma zai tarar da ƙungiyoyin sun koma sunayen aro da rigunan da ba nasu ba. A duba suna da kwanan watan kowane fayil, a sa alama a kan wanda ake nufi kawai.

A PlayStation 5 hanyar ita ce Settings, sai Saved Data and Game/App Settings, sai a zaɓi ajiyar wasannin PS5 ko ta PS4 gwargwadon wasan. Mai PlayStation Plus ya fara shiga Sync Saved Data ya kashe Auto-Sync na wannan wasan, sannan ya dawo ya goge abin da ke cikin na'ura. Rubutun waɗannan shafuka na ɗan sauyawa idan an sabunta tsarin na'urar, amma rabuwar gida biyu tsakanin na'ura da intanet ba ta sauyawa.

Xbox One da Xbox Series sun sha bamban, domin rumbun intanet kyauta ne ga kowa kuma kullum a kunne yake. A shiga My games & apps, a tsaya kan wasan, a danna maɓallin mai layi uku, a zaɓi Manage game and add-ons, sannan Saved data. Na'urar za ta ba da zaɓi biyu. Delete from console yana share kwafin na'ura ne kawai, kuma ajiyar za ta dawo da zarar an buɗe wasan da intanet, don haka amfaninsa gyaran ajiyar da ta sami matsala ne. Delete everywhere shi ne na mai son komawa farko, kuma daga shi babu dawowa, tunda babu hanyar kwafe ajiyar zuwa filash.

A Switch a shiga System Settings, a sauka zuwa Data Management, a zaɓi Delete Save Data. Idan iyaye sun sa lambar sirri, sai an shigar da ita. Bayan zaɓar wasan za a ga zaɓin goge ajiyar mutum ɗaya da kuma zaɓin goge ta kowa da kowa, kuma layukan biyu kusa da juna suke. Animal Crossing: New Horizons na 2020 yana da nasa hukuncin, domin tsibiri ɗaya ne ga dukkan masu amfani da na'urar, saboda haka wanda ya so sabon tsibiri sai ya rushe na kowa, kuma ya kamata ya nemi yardar 'yan gida kafin ya taɓa.

Kwamfuta

A kwamfuta wahalar ita ce nemo foldar, domin babu wuri ɗaya da aka yi ittifaƙi a kansa. Wuraren da aka fi samun ajiya a Windows su ne Documents, musamman foldar My Games da ke ciki, da foldar Saved Games, da kuma AppData, wadda a ɓoye take. Domin shiga AppData a danna maɓallin Windows tare da R, a rubuta %appdata%, a danna Enter. Wannan zai buɗe sashen Roaming, kuma idan aka koma baya taki ɗaya za a ga Local da LocalLow. Duniyoyin Minecraft na Java suna cikin Roaming, a foldar .minecraft, ƙarƙashin saves. Ajiyar Elden Ring ma tana Roaming, a fayil mai suna ER0000.sl2. GTA V kuwa tana Documents, ƙarƙashin Rockstar Games, a foldar Profiles, yayin da tsohon San Andreas ke ajiye nasa a GTA San Andreas User Files. Wasu wasannin Steam, wato manhajar sayen wasannin kwamfuta, kuma suna ajiyewa a foldar userdata da ke cikin foldar Steam kanta.

Idan wasan na Steam ne, a danna masa maɓallin dama na linzami, a shiga Properties, a kashe Steam Cloud, wato rumbun intanet na Steam, a shafin General. Manhajojin Epic, Ubisoft, EA da Rockstar duk suna da nasu rumbun, kuma wani lokaci wasa ɗaya na amfani da manhaja biyu, don haka a duba kowace. Bayan haka shawarata ita ce kada a goge foldar sam. A sauya mata suna kawai, a ƙara kalmar tsohuwa a ƙarshensa. Wasan zai neme ta ya rasa, ya ƙirƙiri sabuwa, mutum ya fara daga farko, tsohuwar kuma tana nan ranar da aka yi marmarinta. Bayan an buga na ɗan lokaci an adana, ana iya sake kunna Steam Cloud. Idan ya nuna akwai saɓani tsakanin ajiya biyu, zai bayyana kwanan watan kowace, sai a zaɓi ta cikin kwamfuta domin ta hau kan ta intanet.

Waya

A nan ne mafi yawan jama'a suke buga wasa, kuma a nan ne lamarin ya fi sarƙaƙiya. A Android a shiga Settings, sai Apps, a zaɓi wasan, a shiga Storage. Sunayen na ɗan bambanta tsakanin Tecno, Infinix, Samsung da sauransu, amma maɓalli biyu za a tarar. Clear cache yana share tarkacen wucin gadi ne, ba ya taɓa ci gaba. Clear data, wanda wasu wayoyin ke rubutawa Clear storage, shi ne ke mayar da wasa kamar ranar da aka sauke shi. Sai dai a sani cewa a manyan wasanni yana tafiya har da ƙarin fayilolin da wasan ya sauke bayan an saka shi, waɗanda ka iya kai gigabait da yawa, don haka wanda datarsa ke da iyaka ya yi lissafi tukuna.

Idan bayan wannan tsohon wasa ya dawo, to Google Play Games ne ya dawo da shi. A buɗe manhajar Play Games, a shiga Settings ɗinta, a nemi Delete Play Games account & data. A wannan shafi akwai zaɓin goge asusun baki ɗaya, akwai kuma jerin wasanni a ƙasa inda ake goge bayanan wasa ɗaya. Na ƙasan ake nema. Tsarin da ya fi aiki shi ne a goge bayanan a Play Games, sannan a yi Clear data, sannan a buɗe wasan a ƙi amincewa da shiga tsohon asusu idan ya tambaya. A iPhone kuwa a lura da bambancin Offload App, wanda ke cire manhaja ya bar bayananta, da Delete App, wanda ke cire duka, sannan a duba iCloud ko wasan ya ajiye wani abu a can.

Wasannin da ci gabansu ke hannun kamfani ba sa jin duk wannan. A Clash of Clans babu maɓallin mayar da ƙauye farko, hanyar kawai ita ce a buɗe sabon Supercell ID, wato asusun kamfanin wasan, da wani adireshin imel, kuma ana iya sauyawa tsakanin asusun biyu a waya ɗaya. A eFootball ci gaba na haɗe da Konami ID ko asusun Google, a Free Fire da PUBG Mobile kuwa da asusun da aka shiga da shi, kamar Facebook ko Google. Cire wasan daga jerin manhajojin Facebook yana yanke igiyar ne kawai, bayanan suna nan a wurin kamfanin. Wanda ya nemi kamfani ya goge masa asusu gaba ɗaya ya sani cewa lu'ulu'u da tsabar da ya saya da kuɗinsa za su tafi tare da shi. Wanda kuma yake buga wasa a matsayin baƙo, bai haɗa shi da kowane asusu ba, ya fi kowa kasada, domin Clear data guda ɗaya na iya raba shi da asusun har abada.

Masu buga wasannin PSP, wato ƙaramar PlayStation ta riƙewa a hannu, a waya ta manhajar PPSSPP suna da ajiya iri biyu. Ta cikin wasa tana foldar SAVEDATA ƙarƙashin PSP, inda kowane wasa ke da folda mai lambarsa, wadda kan fara da haruffa irin su ULUS ko ULES. Ɗayar kuma hoton wasa ce da manhajar ke ɗauka a daidai lokacin da aka umarce ta, tana foldar PPSSPP_STATE. Ana iya goge su daga Savedata manager da ke cikin Tools. Gargaɗin da aka yi a kan PES ya fi ƙarfi a nan, domin wasannin ƙwallon da ake turawa tsakanin abokai galibi sabbin 'yan wasa da sauye-sauyen ƙungiyoyi a cikin SAVEDATA aka zuba su.

Tsofaffin na'urori

PlayStation 2 har yanzu tana aiki a shagunan gem da dama. A kunna ta ba tare da faifai ba, a shiga Browser, a zaɓi katin memori, wanda na asali megabait 8 ne, a tsaya kan hoton wasan a zaɓi Delete. Kada a zare katin ko a kashe na'ura yayin da take rubutu, kuma inda wuta ke yawan ɗaukewa ya fi kyau a yi wannan aiki lokacin da ake kan janareto ko inbata, domin yankewar wuta a tsakiyar rubutu na iya lalata fiye da fayil ɗin da ake nufi. Wasannin Pokémon na Nintendo DS suna ajiyewa a cikin katin wasan, kuma ana gogewa ne ta danna maɓallan Sama, Select da B tare a shafin farko, yayin da na 3DS irin su X da Y ke amfani da Sama, B da X.

Bayan an goge

A buɗe wasan a tabbatar cewa zaɓin Continue ya ɓace ko ya dushe, a fara sabon wasa, a buga har wurin ajiya na farko, a adana, a rufe, a sake buɗewa domin a ga sabuwar ajiyar ta zauna. Sai bayan wannan ne za a mayar da musayar intanet. A kuma sake duba saitunan wasan, domin a wasu wasannin yare, hasken allo da tsarin maɓallai suna tafiya tare da ajiyar. Abu ɗaya da ba zai koma farko ba shi ne kofunan PlayStation da makin nasarori na Xbox, wato ladan da ake samu idan an cim ma wani abu a wasa, domin waɗannan a asusun mutum suke rubuce. PlayStation na yarda a cire jerin kofunan wasan da ba a ci ko ɗaya a cikinsa ba, amma da zarar an ci kofi ɗaya jerin ya zauna ke nan, kuma wanda yake son ya sake jin ƙarar shigowar kofunan daga na farko sai ya buɗe sabon asusu.